Yadda Na Dawo da Sagbo Daga Daji

Akpakpa, Kwatano.

Zuwa ga yayana Sejro, can Libarbil.

Yaya, ni ce ƙanwarka Fifame, na durƙusa ina gaishe ka. Ina roƙon Allah takardar nan ta iske ka lafiya ƙalau, kai da Anti Selestin, Ya tsare ka a saman ginin nan da kake hawa, kada Ya bari ƙafarka ta zame. Bakina ne ke magana, hannun Asiba tela maƙwabciyata ne ke rubutu, na ce mata ta sa komai yadda ya fito ko da na maimaita. Na ƙi yi maka saƙon murya ne don na san kaina, ina farawa kuka zan sa, ba abin da za ka ji sai jan hanci.

Mu nan muna lafiya. Mamanmu gwiwar ta yi sauƙi, har tana zuwa coci da ƙafarta. Kojo mijina yana nan bisa babur ɗinsa daga safe har yamma, rigar kabu-kabun ta koɗe, ruwan ɗorawar ya koma kamar kunu. Ni ma ina nan bakin titi da kafata, agidin nan na cikin ganye, da soyayyen kifi. Ruwa kuwa bana ba ya ɗagawa, unguwa duk ta zama tafki, kwaɗi sun fi mu yawa.

To Yaya, maganar da ta sa na zaunar da Asiba ta bar kekenta, maganar kwamfutar nan ce da ka kawo wa 'yan biyuna, da fad guda biyu na riƙewa, baƙi na Zinsu, ja na Sagbo. Ka tuna gem ɗin da ka sa musu, wanda komai nasa mai kusurwa huɗu ne, rana mai kusurwa, tumaki masu kusurwa, a haƙa ƙasa a sare bishiya a yi gini? Fuskar kwamfutar ta rabu biyu, sama na Zinsu, ƙasa na Sagbo, kowa da ɗan mutuminsa. Har gida suka gina a bakin wani kogi, da taga, da wajen da suka ce nan zan riƙa soya kifi. To tun da zazzaɓin bara ya ɗauke mana Sagbo... a'a Asiba, ba a faɗin haka ga ɗan biyu, bakina ne ya suɓuce. Rubuta, tun da Sagbo ya tafi daji neman itace. An sassaƙa masa ɗan mutum-mutuminsa yadda aka saba, ina soke shi a gaban zanina duk inda za ni, in yi masa wanka, Asiba ta ɗinka masa riga da ƙyallen ta Zinsu, in an ci wake da manja in ajiye masa nasa. Zinsu kuwa bai daina jona fad biyun ba. Ya riƙe baƙin, ya ajiye jan a gaban mutum-mutumin, shi yana ta gini a sama, a ƙasa mutumin Sagbo yana tsaye a ƙofar gida kamar mai jiran a kira shi. Nan kaɗai nake jin dariyar yaron nan, shi ya sa ban taɓa hana shi ba.

Wata rana da azahar ana yayyafi, ina zaune ina naɗe kafa a ganye, sai Zinsu ya ce min a hankali wai Mama ki duba, Sagbo ya tashi. Na ɗaga kai. Yaya, fad ɗin yana ajiye a tabarma, ba wanda ya taɓa shi, amma ɗan mutumin yana tafiya. Ba gudu ba, a hankali, kamar mai tafiya cikin barci. Ya bar ƙofar, ya ratsa ciyawa, tumakin nan suna kallonsa, gajimare farare suna wucewa a samansa ba ƙara, ruwan kogin shuɗi shar kamar an zuba bula. Ni kuwa ganyen ya tsaya a hannuna, na ji ɗakin ya yi nisa, ƙarar ruwa a kwano ta koma kamar daga wani gari take zuwa. Har wani daɗi na ji, Allah Ya sani, don tafiyar tasa ce sak, da ɗan karkacewar nan gefe guda. Sai kuma na ga inda ya nufa. Bishiyoyi ya dosa. Daji.

Daga ranar kullum haka. Da an kunna, mutumin Sagbo ya kama hanya, Zinsu ya saki gininsa ya bi shi a baya. Yaro ya rage cin abinci, in na yi magana ya ce wai Sagbo ya san inda itacen yake, nuna masa zai yi. Ran nan na neme shi na rasa, sai can ƙarshen layi na same shi, bakin ruwa, yana kallon kwakwar da ke tsallake, ya tambaye ni ko can ne dajin. Yaya, a cikin taɓo na zauna na rungume shi.

Surukata Iya Hwefa da ta ji, ta ce ai ba sai an je wajen mai duba ba, ɗan biyu ne ke kiran ɗan'uwansa, a ɗauki akwatin nan a jefa a ruwa tun kafin a yi biyu babu. Kojo ya ce haba Iya, ke komai sai ki ce kira ne, ko fanka ta juya. Shi a ganinsa fad ɗin ne ya sha ƙura. Ya hura masa iska, ya buga shi a gwiwa kamar yadda yake wa babur in ya ƙi tashi, ya canza waya, ya kashe ya kunna, duk a banza. Sai ya ce bari ya musanya ramukan, ya cire jan ya sa a wajen baƙin. Ka san abin da ya faru? Mutumin Sagbo ya tsaya cak, sai na Zinsu, na sama, ya juya shi kaɗai ya kama hanyar dajin. Ban san lokacin da na ƙwala ihu na fizge wayar daga bango ba. Kojo yana ta cewa ke Fifame tsaya, ai wannan shi ya nuna fad ɗin ne ke da ciwo, ni ina, ban ji shi ba. Iya ta ɗaura ɗankwali ta ce ta ba mu zuwa Lahadi, in ba mu jefar ba ita za ta jefar.

To in jefar da me, Yaya? Gidan da suka gina su biyu yana ciki. In na jefa shi a ruwa, ina tsoron yaron ya bi shi ruwan. In na bar shi, ina tsoron dajin. Na rasa inda zan sa kaina.

Washegari na naɗe kwamfutar a zani na sa a daro, na ɗora a ka, na kama hannun Zinsu muka tafi gidan gem ɗin Bonifas da ke kusa da gada, mai ƙaton cikin nan da kuka yi makaranta tare. Yana ganina ya fara, wai Uwar Biyu yau kifin lantarki aka kawo mana, nawa ne tsoka? Na ce Bonifas ba wasa ya kawo ni ba. Ya jona, ya shiga wajen saiti, sai ga wani zobe a fuskar da ɗan ɗigo a ciki. Ya ce in kalla da kyau, ɗigon nan shi ne ƙaramin sandan jikin fad da ake turawa da babban yatsa. Na fad baƙi yana zaune a tsakiya daram kamar gwaiduwa. Na jan kuwa ya kauce sama, yana ta ɓari, ba mai taɓa shi. Ya ce kin gani, shi gem ɗin gani yake ana tura sandan gaba, shi ya sa mutumin ke tafiya, ƙofar gidan kuma dama daji take kallo, da kogi take kallo da kogi zai faɗa. Ya ɗauki fad ɗin ya sunsuna, ya kwashe da dariya, ya ce wannan fatalwa taku da manja take cin abinci. Ya kwance shi, sai ga manja ya daskare a gindin sandan, har da ɓawon wake. Ya ce wane gwanin ne ya yi wa fad miya? Zinsu ya sunkuyar da kai, ya ce ai Mama ce ta ce duk abin da na ci a ba Sagbo, to da wannan yake wasa, kada ya ji yunwa a ciki. Bonifas bai ƙara dariya ba. Ya juya baya yana neman auduga, ya daɗe yana nema, alhali ga ta a gabansa.

Ya goge da auduga da sifirit, ya mayar, ya juya sandan zagaye zagaye wai yana koya masa inda tsakiyarsa take. Duk da haka ɗigon bai koma daidai ba, ya ce ƙarfen ciki ya gaji. Sai ya nuna min wani ƙaramin zobe a tsakiyar babban, ya ce duk motsin da bai fita daga cikinsa ba gem ɗin kurma yake zama, ba ya ji. Ya ja shi ya ƙara masa faɗi har ya haɗiye ɗigon. Mutumin Sagbo, da ya riga ya kai bakin bishiyoyi, ya tsaya. 

Na ɗauka an gama, ashe ba a gama ba. Muna zuwa gida Zinsu ya kunna, ya zauna yana jira. Mutumin yana tsaye can bakin daji, bayansa gare mu, ko motsi. Ya jira, ya jira, sai ya ajiye nasa fad ɗin, ya ce min wai kun sa ya daina tafiya, yanzu ta yaya zai dawo? Ya kwanta ya juya fuska bango. Ko ruwa ya ƙi karɓa. Yaya, wannan shirun ya fi tafiyar ban tsoro.

Sai na ɗauki jan fad ɗin da kaina. Ni da ko sunana ban iya rubutawa ba. Ina taɓawa sai na ga sama, na taɓa kuma na ga ƙasa, duniyar ta yi ta juyawa har jiri ya kama ni, na jefa mutumin Sagbo a rami. Na koma wajen Bonifas ni kaɗai na ce ya gyara min shi daidai hannuna. Ya ce to yau ga Uwar Biyu za ta ƙwace masa kwastomomi. Ya sa na riƙe yana kallo. Ya ce ni in ina son duba ƙasa sama nake turawa, kamar mai sunkuyar da kai, sai ya juya min saitin ya bi yadda nake yi. Ya rage saurin waiwaye. Babban yatsana ya yi kanta da man suya, ba ya jin ƙananan maɓallan nan, sai ya mayar min da sara da tsalle can baya inda manuniya ke hutawa. Ya kashe dodannin da ke fitowa, ya ce ki yi yawonki ba mai taɓa ki. Ya ajiye duka da sunan Sagbo. Asiba kuma ta ɗiga min jan farce a maɓallin sara don kada in manta.

Jiya da hantsi, rana ta ɗan leƙo, na soke Sagbo a gaban zanina, na zauna a tabarma na riƙe fad ɗin daidai kansa. Na fito da mutumin daga rami da ƙyar. Na je gindin wata bishiya na danna jan farcen, tana ta tsagewa, har guntun itace ya faɗo ya shige hannunsa. Na sari na biyu. Sannan na juya shi a hankali, a hankali, har na hango rufin gidan can nesa da hasken kogi a bayansa. Na tura. Ciyawar tana wucewa, tumakin suna matsawa, ni kuwa ji nake kamar ƙafata ce a cikin raɓa, kamar na goyo shi ne muna dawowa daga gona. Ban kira Zinsu ba. Ƙarar takun ce ta juyo da shi. Ya daɗe yana kallo daga kwance, sai ya jawo fad baƙi, mutuminsa ya ruga ya buɗe ƙofa. Na yi karo da bango, na yi karo da taga, kafin na samu na shiga. Ya ce wai Sagbo ya dawo da tafiyar Mama in ta ɗauko daro. Ya ce a ajiye itacen wajen suyar kifi. Da aka jima ya ce yunwa yake ji, ya cinye wake kwano guda, ya ajiye wa ɗan'uwansa nasa a gaban mutum-mutumin, na ce nan ne bakinsa, ba fad ba, ya ce ya ji.

Iya Hwefa tana bakin ƙofa duk abin nan. Da za ta tafi sai ta kwance bakin zani ta ba Zinsu alewa, ta ajiye wa Sagbo ɗaya. Maganar Lahadi ba ta sake tashi ba.

Tsoron bai gama sakina ba, Yaya, ban san ko daidai na yi ba, har yanzu in yaron ya fita ƙofa sai na leƙa. Shi ya sa nake roƙonka abu biyu. Kada ka ce za ka sayo sabon fad ja, wannan ɗin muke so da gajiyarsa. Kuma in ka zo ƙarshen shekara, na san hannunka da son gyara, don Allah kada ka danna wajen nan da ke mayar da komai yadda ya zo daga kanti. Bonifas ya ce dannawa ɗaya zoben zai tsuke, mutumin Sagbo ya sake kama hanya.

Ka gaishe min da Anti Selestin da kyau, da Kawu Gbeto in kuna haɗuwa, da 'yarka Senami, a ce mata kifinta yana jiranta. Mamanmu tana sa maka albarka. Kojo da Asiba suna gaisuwa, Bonifas ya ce a gaya maka cikinsa ya fi naka yanzu. Zinsu yana gaishe ka. Sagbo ma yana gaishe ka, yana gida.

Ƙanwarka,
Fifame Uwar Biyu.