Tutocin da Aka Kafa wa Aksel

Tandil, Ajantina

Zuwa ga ƙanwata Ingeborg,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Ubangiji ya sa wannan takarda ta same ki lafiya, ya sassauta miki ciwon ƙugun nan. Ni ma da sauƙi, sai dai gwiwoyi da gajiyar da ba ta sakina. Ɗana Mogens ya koma Buenos Aires da iyalinsa, saura ni da kare a gonar.

Saƙonki ya iso. Kin sake tambaya ko zan dawo, tunda mun rasa ƙaninmu Aksel kuma ke kaɗai ce a gidan baba. Kin san rantsuwar da na yi ranar da na hau jirgi, cewa ba zan ƙara taka garinmu ba. Garin da ke kafa allunan tagulla don tunawa da likita da mai zanen hotuna da ɗan tseren keke, mu kuwa ana ce mana 'ya'yan gawayi don baba na zuba wa jirgin ƙasa gawayi, me zan ɗauka a cikinsa? Shekara talatin Aksel na zaune a bencin tashar jirgin ƙasa da kwalbar giyarsa yana ɗaga wa jirage hannu, ban ji wanda ya taɓa kiransa shan kofi ba. Wannan ba zan manta ba.

Amma gaskiya ɗaya ce. Da na karanta cewa ranar jana'izar Aksel an jera masa tutoci tun daga tasha har ƙofar coci, sai da na fita waje na zauna. Kuma wai Thorkild Bruun ne ya tsaya a kai, ɗan shugaban tasha, wanda ya fi kowa yi mana waƙar gawayi! Kin ce da matar mai burodi ta tuna masa cewa tutocin na ƙungiyar gari ne, 'yan ƙungiya kaɗai ake kafa wa, sai ya ce mata ta yi wa Allah ta koma kan tanderunta, ai Aksel ya fi shugaban tasha kansa zuwa aiki a tashar nan. Na yi dariya har da hawaye da kika ce bayan an rufe Aksel, aka ɗaga tutocin daga rabin sanda zuwa sama, ɗaya ta maƙale ta ƙi hawa, Thorkild ya ce a ƙyale ta, Aksel ne, bai taɓa miƙewa a kan lokaci ba. Sai wanda ya daɗe yana lura da mutum yake iya yi masa irin wannan tsiyar. Ashe suna ganinsa, ni ne na yi nisa.

Ki yi wa Thorkild godiya, shi da duk wanda ya ɗauki sandar tuta. Ban ce na yafe komai ba. Amma kada ki sayar da gidan, kuma kada ki ƙara hawa benen nan ke kaɗai. Da zarar an gama girbi zan miƙa wa Mogens gonar in taho.

Ki gaida Inna Dagny da Preben da yaransa, da Bodil maƙwabciyarki da ke kawo miki miya.

Yayanki mai kewarki,
Holger