Itacen Baba Ya Kusa Fure

Vénissieux, Lyon

Zuwa ga yayana Malam Mika'il,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kana lafiya, kai da iyali da duk mutanen gida a Damagaram. Allah Ya ƙara rufa asiri, Ya jiƙan Baba, Ya haskaka kabarinsa. Mu nan lafiya lau, alhamdu lillahi. Ƴata Mutmainna tana can tana fama da jami'a, ba ta shigowa gida sai bayan magariba. Inna kuwa tana nan yadda ka sani, tun da ɓarin jikinta ya shanye ba ta tashi daga kujerarta sai na ɗaga ta.

Yaya, na san halinka da dariya, amma ka karanta har ƙarshe kafin ka ce sanyin Faransa ya taɓa mini kai. Ka tuna ɗan itacen nan da Baba yake ajiyewa a tukunya bakin tagarsa a Montreuil? A lambun da ya yi aiki aka ba shi. Asalinsa daga cikin busasshiyar ƙasar Ostireliya ne, wai danginsa ɗaya da gwaba da kanumfari. Bai wuce kamu biyu ba, ganyensa sirara ne, in ka murza sai ka ji ƙamshi. Shekara goma sha ɗaya yana hannun Baba bai taɓa fure ba, shi ya sa yake tsokanar Inna cewa ran da ya yi fure za su tattara su koma gida gaba ɗaya.

Da muka kwashe kayan ɗakinsa bayan addu'ar arba'in, sai na rungumo tukunyar a jirgin ƙasa har Lyon. Ni da na ɗauka baƙo ba ya ƙin ruwa, sai na yi ta ɗura masa safe da yamma, har ya fara zubar da ganye. Na kira Madam Sophie, wadda suka yi aiki tare da Baba. Ta yi mini faɗa sosai, ta ce ruwa ne ajalin irin wannan itacen. Ta ce Baba ragowar ruwan alwalar la'asar kawai yake ɗiga masa, abin da bai cika tafin hannu ba, kuma in bar shi wata guda kada in taɓa.

Na bar shi. Amma Yaya, kullum bayan la'asar sai in tarar ƙasar tukunyar da danshi, waje ɗaya, daidai faɗin tafin hannu. Hawa na tara muke, tagar a rufe take, ba ruwan sama da yake shigowa. Na tambayi Mutmainna, ta rantse ba ita ba ce, kuma a lokacin ba ta ma gida. Ranar Talata na ja layi da alƙalami a jikin butar Baba da na ajiye kusa da tukunyar, na shiga ɗaki na yi salla. Da na fito, ruwan ya sauka ƙasa da layin, falon duk ƙamshin ganyen, kamar yanzu aka murza shi. Inna tana zaune tana murmushi. Ta ce in daina binciken buta, Malam ne, wato Baba, kuma bai son a tsaya masa a ka in yana aikinsa. Ka san ni ba matsoraciya ba ce, amma ranar na tsorata.

Makon jiya itacen ya fito da ƙwayoyin fure guda bakwai, kowace kamar ƙwayar dawa, ba su buɗe ba. Inna ta sa na wanke mata zannuwanta na ninke a jaka. Na san rai a hannun Allah yake, itace ba ya kashewa ba ya rayawa, na kuma yi istigfari. Duk da haka, da tana barcin rana sai na tsinke su duka na zuba a shara. Da ta farka ba ta ko dubi tagar ba, ta ce Malam yana tambaya wa ya taɓa masa kaya, wai bai koya mini haka ba. Na ji kunya, na yi kuka. Da na je na duba, akwai guda ɗaya a ƙarƙashin reshe, ni kuma na tabbata bakwai na ƙirga, bakwai na tsinke. Hannuna ya ƙi zuwa wurinta. Yau da safe bakin ƙwayar furen ya fara nuna fari.

Lokotoro ya auna Inna ya ce bai ga wani sabon abu ba. Ni dai ga takardun gayyata nan na haɗo maka. Shekara shida rabonka da ita, kullum sai ka ce bayan girbi. Zumunta a ƙafa take, Yaya. Don girman Allah ka nemi biza a wannan makon, ina tsoron kada ka zo ka tarar da kujera.

Ka gaida Gwaggo Safa, da matarka Fatu, da Ilyas da ƙannensa. Mutmainna tana gaishe ku. Na karanta wa Inna wurin gaisuwar nan, ta ce tana sa maka albarka. Ta ce kuma kada ka wahalar da kanka da biza, ka sa a share ɗakinsu kawai, su ne za su zo.

Wassalam. Ƙanwarka,
Zenaba