Zanen da Inno Ta Ajiye wa Mahfuz

Zuwa ga ƙanena Mahfuz,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya a wannan ƙasa mai sanyi, Allah Ya ƙara maka lafiya, Ya sa albarka a aikinka. Mu a nan Keffi sai godiya. Inno ma tana nan, sai dai yanar idon nan ta ƙaru, yanzu da murya take gane mu.

Wata goma sha ɗaya ke nan ba ka kira ta ba, kuma na san dalili. Ka zagaya ƙasashe kana ɗaukar fim a kan wahalar talakawa, ka dawo gida don duniya ta ga matan unguwarmu suna tonon yashin rafi kafin su sami ruwan sha. Inno kuwa da ta ji za a nuna maƙwabtanta a duniya, sai ta bi gida-gida. Da safe suka sauko rafi cikin leshi da atamfar biki, Susana har da takalmin zuwa coci, bahuna a wanke fes, an cika su da ruwan famfo daga cikin gari. Ka naɗe kayanka ka tafi ko sallama babu. Na ji haushinka sosai, ba zan ɓoye ba. Inno dai a saninta, baƙo ba ya ganin mutum cikin tsumma, kuma kai ma haka ta rene ka.

Kullum bayan la'asar takan zauna ƙarƙashin mangwaro tana ba ni labarin fim ɗin kamar an riga an yi shi. Wai za a rataya farin ƙyalle a bangon zaure, mutane su zo har daga Garaku da Gitata, a ga rafi ya cika, sunanka yana tafiya a hankali a saman ruwa. Nakan bar ɗinkina ina sauraro har ni ma in fara ganinsa, in ji sanyin ruwan a ƙafata.

Bazara ta kama, ramukan tonon ruwa sun dawo rafi, matan suna can tun asuba. Ruwa na sauka zai rufe su sai baɗi, ban kuma san abin da idon Inno zai gani baɗi ba. Ta ce in gaya maka ta gane. Ta nemo tsohon zanen nan mai faci da take zuwa rafi da shi, ta ninke a akwati tana jiranka. Na same ta tana turara shi, na ce anya ba za ka sake yin faɗa ba. Ta ce ai na'urarka ba ta ɗaukar ƙamshi.

Ka gaida iyalinka, Halima Sadiya da Akram. Susana ma na gaishe ka. Ka zo kafin ruwa ya sauka.

Yayarka,
Nasiha