Na'urar da Na Sa wa Hannu

Zuwa ga Yayata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah Ya ƙara miki sauƙin ciwon gwiwar nan. Mu nan kowa lafiya. Jikata ta fara tafiya, yanzu ko kofi ba ma iya bari a kan tebur.

Yaya, an sallame ni daga aiki, kuma gara ki ji daga bakina. Kin san shekara ashirin da shida ina ɗakin gyara na bariki, ina saita na'urar auna nisa, wadda soja ke leƙawa ya gaya wa masu harba igwa mita nawa ne tsakaninsu da abin da za su harba. Tun bara layukan cikin madubin suka fara yi mini bibbiyu. Da kika ce in je asibitin ido, na yi miki raha cewa ko sauro ne ya gifta zan gaya miki namiji ne ko mace. Gaskiyar ita ce tsoro nake ji kada a ce na tsufa. Ashe ramin ƙarya ƙurarre ne.

Watan jiya na duba wata na'ura, na sa hannu cewa daidai take. A filin atisaye ta ba da nisan da ba shi ba, harsashin igwa ya faɗi kusa da mutanenmu. Ba a rasa rai ba, amma wani kofur ya rasa ƙafar hagu. Aka ɗora laifi kan sajen da ya leƙa na'urar ya karanta lambar, mutumin da muke sallah sahu ɗaya. Kwana goma sha tara ana kai shi gaban kwamitin bincike, ni kuwa na ja bakina na yi shiru. Wata rana da hantsi ya shigo ɗakin gyara, ya tambaye ni ko na san likitan ido mai kyau, wai ya fara zargin idonsa ne ya yaudare shi. Na kasa ɗaga kai. Washegari na je gaban kwamanda na faɗi komai.

An wanke saje. Na je asibiti wurin kofur, ya saurare ni har na gama, ya ce ya yafe, amma kada in sake zuwa, domin mahaifiyarsa ba ta iya kallona. Jiya na ga likita. Ya ce yanar ido ce kawai, aikin rabin awa. Rabin awa, Yaya! Yaron nan kuwa shekararsa ashirin da huɗu.

Ki sa ni a addu'a, shi kuma ki fara sa shi kafin ni. Ki gaishe da maigidanki, da Goggo, da Baba Ƙarami, da 'yan biyunki. Inna kuwa kada ki gaya mata tukuna, ni zan zo da kaina.

Ƙanenki,
Auta