Layin Alli a Tsakiyar Darduma

Aikin farko na yau: sauke darduma daga bango.

Ya ke sanyin idona, inuwata a tsakar rana, ruwan farko a kan busasshiyar ƙasa, ki yi haƙuri da layin da ke sama. Hannuna ya saba fara kowane shafi da aikin da ke gabana, sai da na rubuta na tuna wannan shafin naki ne. Ban iya kalaman masoya ba, kin sani. Waɗannan ma da na jera miki na daɗe ina juya su a baki kafin in yarda su sauka a takarda, amma babu ƙarya a cikinsu.

Na sauke ta. Tana shimfiɗe a shago, a kan teburin da nake yanka yadin kujerun mutane. Saƙonki ya iso ta bakin Yaya: tunda tare muka same ta, a raba ta biyu, gobe zai zo da mota ya ɗauki rabinki da sauran kayanki. Yana faɗa yana kallon takalminsa. Sai ya nemi ba ni dariya, wai in auna da kyau, kada in cuci ƙanwarsa ko da faɗin yatsa. Na yi dariyar don kada ya ji nauyi.

Kin tuna ranar da ta fito? Tsohuwar kujerar nan da mai ita ya yasar mini a ƙofar shago. Na farke ta don in ceci katakon, sai ga darduma a naɗe ƙarƙashin soso. Kin kawo mini abincin rana, kika ajiye kwanon, kika kama mini gefe ɗaya mu kakkaɓe ta. Hannuna a nan, naki a can, sai saƙar ta fara motsi. Kogin shuɗin zare ya gangara. Iska mai ƙamshin ruwa ta buge mu a shagon da ko taga ba shi da ita. Kika saki don tsoro, ta koma darduma kawai. Kika sake kamawa, ta farka.

A hankali muka gane taswira ce ta duniyoyin da ba tamu ba, kuma hannun mutum ɗaya ba ya buɗe ta. Ga ƙasar da itatuwa ke gangarawa rafi da yamma kamar garke. Ga garin da rana biyu ke fitowa, kowa da inuwarsa biyu. Ga koren lungun nan na ƙasa da kika fi so, inda ruwan sama ke tashi daga ƙasa ya hau. Kin tura yatsa ya fito a jiƙe. Daga baya kika tura hannu har gwiwarsa, kika juyo fuskarki kamar hantsi bayan hadari, kika ce, “Mu shiga mana.”

Ni kuwa sai tambayoyi. In mun shiga, wa zai riƙe mana gefen? Ta ina ake dawowa? Kujerun mutane fa? Kika sa mini suna Malam Bari-mu-gani. Da fari da dariya kike kira, sannu-sannu dariyar ta janye, sunan ya rage. Har yau ban san wa ke da gaskiya a cikinmu ba. Na dai san tsuntsuwa ba ta shekara a bakin taga tana jiran a gama shawara, kuma ranar da kika koma gidan Yaya ban yi mamaki ba.

Yanzu ga abin da ya sa na ɗauki biro. Saƙa ba a yanka ta kai tsaye, sai ta warware. Ana ɗinka layi biyu kusa da juna, a bi tsakaninsu da almakashi. Na auna, na ja layin alli, ya faɗa kan kogin. Na matsar, ya raba garin rana biyu. Sai na gwada da zare ɗaya a bakin geza. Ina yankewa ya zama toka a tafina, wani ɗan tudu da ke kusa da wurin ya dushe. Kin ga ke nan in almakashi ya ratsa ta, ni da ke kowa tsumma zai samu.

Don in tabbatar da awon, na kira maƙwabcina mai walda ya ja mini gefe ɗaya. Rabin raina, ta buɗe. Da hannunsa mai baƙin mai, ta buɗe! Kogin ya gangara kamar yadda ya saba. Ya dubi hannunsa ya ce, “Kai mai kujeru, kayan nan naka yoyo yake yi.” Ya goge a wando ya koma bakin aikinsa.

Na zauna a kan kujerar da ba ta da soso, na rasa abin yi da hannuwana. Duk shekarun nan na ɗauka mu take sani, ni da ke, cewa ƙaunarmu ce mabuɗinta. Ashe hannu biyu kawai take nema, ko na wane ne. Me ya rage mini ke nan da zan ce nawa ne ni kaɗai a wurinki?

Ba zan ɓoye miki ba, zuciyata ta raya mini in yanka. Ke kika ce a yanka, babu mai zargina. In ta mutu, ba za ki tsaya da wani a gabanta ba, ba zai ga hasken nan a fuskarki ba, ba za ki ce masa mu shiga ya ce to ba. Na ɗauki almakashin, na ajiye, na sake ɗauka. Sai na tuna yatsanki a jiƙe, da yadda kika ɗaga shi kina nuna mini kamar yarinyar da ta tsinci wata a rijiya. Ta yaya zan kashe ruwan da ya taɓa jiƙa ki?

Zan aiko miki da ita ɗungurungum. Ba ni da amfani da rabi, ba ni ma da amfani da duka, don ko lokacin da take buɗe fuskarki nake kallo. Roƙona ɗaya: wanda zai riƙe miki gefen, ki duba hannunsa da kyau, ya zama ba mai saurin saki ba ne. In kuma kin duba ba ki samu ba, nawa yana nan. Ba zan yi alkawarin na daina tsoro ba, ƙarya zan yi. Zan dai shiga da tsorona.

Naki ne ni a wannan duniyar da muka sani, da sauran da ban yi ƙarfin halin gani ba, har ranar da numfashi zai ƙare.

Gobe:
Goge allin da ɗanyen tsumma, a hankali.
Nemo leda mai kauri, motar Yaya a buɗe take.
Kujerar malamar asibiti, saura ƙafa ɗaya.
In Yaya ya ce rabin ya yi nauyi, kada in yi dogon bayani.
Cire ƙusoshin bango, in na iya.