Gonar Idon Ruwa

Carballal, 3 ga Maris, 1987

Yaya Secundino,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kai da iyali. Ni dai lafiya lau, ban da gwiwa.

Ka san ban iya kewaye-kewaye ba. Masu awon gwamnati sun zo haɗe gonaki, kowa za a tattara 'yan filayensa a ba shi guda babba. Ina cikin murna sai ga takardar kotu. Wai ɗanka Ruben ya ɗauki lauya, ya ce gonar idon ruwa taka ce, kyautar da ka yi mini banza ce tunda ba a rubuta ba. Kuma ga sa hannunka a ƙasa!

Haba Yaya! Ranar da za ka tafi ƙetare, ba kai ka damƙi ƙasar gonar ka zuba mini a hannu gaban maƙwabtanmu Amaro da Benigno ba? Ka ce, "Ke za ki zauna da Mama, riƙe." Amaro ya ce a je gari a rubuta, ka hau shi da faɗa, wai takarda tsakanin 'yan'uwa zagi ce. To, shaidun naka duk suna maƙabarta.

In aka cire ta daga rabona, kan tudu za a jefa ni inda babu ruwa, ni da saniya, ina shekara sittin da takwas. Na ji zafi, ba zan ɓoye maka ba.

Ƙanwarka,
Dosinda

Montevideo, 9 ga Afrilu

Ƙanwata Dosinda,

Bayan gaisuwa da ban haƙuri. Maƙwabcina Eladio mai aski ke rubuta wannan, shi ya karanta mini taki. Idanuna sun tafi shekara biyu ke nan. Na ɓoye miki ne don na san halinki, sai ki daina cin abinci.

Na sa hannu, gaskiya ne. Ruben ya ce takardar awon gona ce, ni kuma ban tambaya ba. An sallame shi daga aiki, ya ɗauka gonar wani kangon fili ne da na manta da shi. Laifina ne, ban taɓa ba shi labarin ranar nan ba, don in na fara muryata ba ta kai ni ƙarshe.

Lauya ya ce ko mun janye, masu awo ba za su motsa ba sai alƙali ya faɗi mai gona. Ga bayanina nan na haɗo, ki kai masa.

Yayanki mai jin kunya,
Secundino

Carballal, 20 ga Yuni

Yaya,

Ina gaishe ka, amma da sauran faɗa. Makanta har shekara biyu, ni ina nan ina yabon kyan rubutunka a katin Kirsimeti, ashe ba naka ba ne! Tsohon banza kawai. Na yi kuka har saniya ta juyo tana kallona.

Alƙali ya karanta bayaninka sau biyu. Mutumin kirki ne, har kujera ya sa aka ba ni. Ya ce, "Baba, na yarda da ke, amma doka ba ta san ƙasa a tafin hannu ba." Ya yanke hukunci gona taka ce. A watan Satumba za a kafa sababbin duwatsun iyaka. Saniya kuwa na fara yi mata cigiyar mai saye.

Tunda ba ka gani, bari in gaya maka. Ruwan yana nan yadda ka bar shi, sanyi har haƙori. Kabejin bana ya fi kanka girma. Kada ka tsananta wa yaron nan, yunwa ce ta sa shi.

Allah ya ba ka lafiya,
Dosinda

Montevideo, 14 ga Yuli

Dosinda,

Gaisuwa. Kada ki sayar da saniya.

Da aka karanta mini cewa gona tawa ce, na ce madalla, ashe ina da abin bayarwa. Jiya Ruben da kansa ya riƙe hannuna har ofishin jakadancin ƙasarmu. An rubuta na ba ki gonar kyauta, an buga hatimi uku, shi ya ɗora mini alƙalami a kan layi yana sharar hanci. Takardar na cikin ambulan ɗin nan, ki kai wa masu awo kafin Satumba.

Sau biyu ke nan ina ba ki gonar nan. In sun ce wannan ma bai yi ba, ki aiko, zan sake.

Yayanki,
Secundino