Koren Masallacin Kan Ruwa

Siyam Rif, Kambodiya
14 ga Oktoba

Zuwa ga maiɗakina Azumi,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata wannan takarda ta same ki lafiya. Yaya ƙafar taki? Kina dai shan maganin hawan jinin a kan lokaci? Yaya Hafiza da yaranta, da mutanen layinmu na Dutse Alhaji baki ɗaya? Ni ma ina nan lafiya, sai gajiyar hanya da kewar gida.

Kin san ni da waya, da na ji muryarki sai in manta abin da zan faɗa. Shi ya sa zan riƙa rubutawa da hannuna, in ɗauki hoton takardar in tura wa 'yarmu Hafiza ta karanta miki.

Yau kwanana shida a ƙasar nan. Huɗu na yi a babban birninsu ina yawo da hoton ɗanmu Fatihu, daga wannan ofis zuwa wancan. Ɗan Turancin da na tsinta cikin shekara talatin ina tuƙa manyan ma'aikata a Abuja, shi ya yi mini rana. Ko'ina an karɓe ni da mutunci, an rubuta sunansa, an ce in yi haƙuri. Daga ƙarshe aka haɗa ni da wata mata mai aikin taimakon yaran da aka yaudaro nan da sunan aiki. Ita ta tabbatar mini da abin da muka daɗe muna tsoro. Babu wani kamfanin kwamfuta da ya ɗauke shi aiki kamar yadda aka ce mana, Azumi. Gidaje ne masu doguwar katanga, a karɓe fasfon yaro, a tilasta masa damfarar mutane ta waya, wanda ya ƙi ya sha duka.

Na nuna mata hoton nan na ƙarshe, wanda ya shigo wayata a watan Yuli daga lambar da ba mu sani ba, bayan wata bakwai ba mu ji ɗuriyarsa ba. Kin tuna shi: ya rame, yana zaune a ƙofar wani gidan katako, ruwa ta ko'ina, ga wani ɗan koren masallaci a bayansa. Da rubutun da ya biyo baya: "Baba, na fito. Ina hannun mutanen kirki. Zan kira." Ga shi wata uku bai kira ba, lambar ma ba ta shiga.

Matar ta daɗe tana kallon hoton, ta ce wannan babban tafkinsu ne, Tonle Sap, inda ake da ƙauyukan masunta da ke zaune a kan ruwa, wasunsu Musulmi. Ta ce in zo wannan gari, kuma hanya mafi sauƙi ga baƙo ita ce ya shiga jirgin ruwan 'yan yawon buɗe ido. Ki ji fa. Mutum ya zo neman ɗansa, a ce sai ya bi sahun masu yawon shan iska. To, na yanki tikiti, gobe da rana za mu tafi.

Ki dage da addu'a. Ki gaida kowa da kowa.

Naki har kullum,
Maude

Siyam Rif
16 ga Oktoba

Zuwa ga maiɗakina Azumi,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki, ina fata kun tashi lafiya ke da yara.

Hafiza, tsaya nan tukuna. Ki je ki kira kawunki Abdulrauf da maƙwabciyarmu Maman Marvel, su zo su zauna kusa da mahaifiyarki. Sannan ki ci gaba, kada ki tsallake komai.

Azumi, ki bar ni in ba ki labarin daki-daki, yadda ya zo mini, don ba ni da ƙarfin faɗinsa a dunƙule.

Jiya bayan azahar mota ta kai mu bakin ruwa. Jirgin dogo ne na katako, mai rumfa da kujeru, injinsa na ƙara kamar injin niƙa. Mu goma sha huɗu ne, yawanci Turawa, ni kaɗai baƙar fata. Aka ba kowa rigar hana nutsewa. Jagoranmu wani magidanci ne mai suna Soka, mai fara'a, riƙe da 'yar lasifika, yana bayani yana ba mutane dariya.

Ruwan kalar shayi da madara ne, kainuwa ta rufe gefe da gefe. Muka ratsa ta cikin daji wanda ruwa ya shanye bishiyoyinsa har wuya, muka ɓulla inda ba a hango gaɓa. Tafkin Jabi da muke kai jikoki ranar Sallah, in aka juye shi nan, kamar a zuba ludayi ɗaya ne a randa. Soka ya ce da damina tafkin yakan ninka kansa sau da yawa, in ruwa ya ja baya kuma mutanen sukan janye gidajensu su bi shi.

Sai ga ƙauyen. Gidaje ne a kan gora da manyan durom, suna lilo in jirgi ya wuce. Ga kanti, ga makaranta, ga kejin kaji, har da masu shukar albasa a cikin bokiti. Komai a kan ruwa, babu ƙasar da mutum zai taka ko taku ɗaya. Abokan tafiyata suka miƙe da wayoyi. Wata mata na yi wa jaririnta wanka a ƙofar gidanta, suka yi ta ɗaukarta, ita kuwa ko kallonmu ba ta yi ba. Kunya ta kama ni, na sunkuyar da kai. Wata Baturiya ta miƙo mini wayarta in ɗauke ta da mijinta. Na ɗauke su, suka yi godiya.

Ni fuskoki nake dubawa. Duk namijin da na hango a cikin kwalekwale sai in ƙura masa ido.

Muna shan wata kwana na gan shi, koren masallacin, da ɗan farin wata na kwano a samansa. Ban san lokacin da na miƙe ba, har jirgin ya karkata, mutane suka yi ihu. Soka ya zo zai zaunar da ni, na ɗora masa hoton a hannu. Ya kalla, ya kalle ni. Fara'ar nan ta ɗauke kamar an kashe fitila.

Ya ce, "Kai babansa ne?"

Na ce, "Ni ne. Yana ina?"

Ya ce, "Zauna tukuna, Baba. Ba ni ya kamata in yi maka magana ba."

An tsaya a wani gidan abinci na kan ruwa inda ake kiwon kadoji, baƙin suka fita kallo. Soka ya ari ƙaramin kwalekwale, ya tuƙa ni da kansa zuwa masallacin. Shi ba Musulmi ba ne, amma ya cire takalminsa tun daga nesa. Muka tarar da limamin, wani dattijo mai suna Usman, ɗaure da zane irin nasu, da farar hula. Na yi sallama, ya amsa mini sak irin tamu. Na miƙa masa hoton. Ya riƙe shi da hannu biyu, sannan ya dube ni ya ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un."

Wannan ba ya buƙatar tafinta, Azumi. Allah ya karɓi abinsa. Fatihu ya rasu tun farkon watan Agusta.

Na zauna a kan tabarmar masallacin, tana motsi a ƙarƙashina, na rasa ko ruwan ne ko ni ne. Liman ya riƙe hannuna bai saki ba, yana magana, Soka na fassarawa. Ga abin da suka faɗa mini.

Ranar da masu tsaronsu za su mai da su wani gida, Fatihu ya samu ya zille, ya ɓuya a bayan wata motar kifi, cikin ƙanƙara. Shi direban, surukin Liman ne. Da ya buɗe motar ya ga mutum, tsoro ya kama shi, zai yi kururuwa, sai ya ji yaron na maimaita kalmar shahada, haƙoransa na kaɗawa. Ya lulluɓe shi da buhu ya kawo shi nan. Sun ce bayansa duk tabon duka ne. Ƙanwar Liman, wata tsohuwa mai suna Mariya, ita ta ajiye shi a gidanta. Kwana ashirin da uku ya yi a hannunta.

Har ya fara samun ƙarfi. Liman ya nuna mini fitilun masallacin masu aiki da hasken rana, ya ce shekara guda suna mace, Fatihu ne ya tashe su. Na duba wayoyin fitilun, na ga irin ɗaurin da yake yi tun yana koyon wayarin mota a Apo, tsaf, ba ko sili a waje. A nan ne na kasa riƙe kaina.

Daga baya zazzaɓi mai zafi ya kama shi. Ya ƙi yarda a kai shi asibiti, yana tsoron mutanen nan su gano shi su cutar da masu masaukinsa. Da abin ya tsananta suka ɗauke shi ko bai so ba. A cikin kwalekwale ya cika, kafin su kai gaɓa, ranar Juma'a da hantsi, Liman na yi masa talƙini.

Na ce don me ba su neme mu ba? Liman ya yi kuka. Ya ce yaron da hannunsa ya tura saƙon nan, ya goge lambar, ya sa aka jefa layin a ruwa, duk don kada a biyo sawu. Abu biyu kawai suka sani, sunansa da sunan garinmu.

Dole na koma jirgin, tunda shi ya kawo ni. A hanyar dawowa aka kashe inji a tsakiyar tafki don baƙi su kalli faɗuwar rana. Da ta faɗi har da masu tafi. Ban ga laifinsu ba, ba su sani ba. Soka dai bai ƙara ɗaga lasifikarsa ba har muka sauka.

Ki yi haƙuri, Azumi. Ki yi haƙuri. Allah ya jiƙansa, ya ba mu dangana.

Mijinki,
Maude

Siyam Rif
18 ga Oktoba

Zuwa ga maiɗakina Azumi,

Assalamu alaikum. Yaya haƙuri? Yaya jama'a? Abdulrauf ya shaida mini gidan ya cika, har yaran garejin Apo sun zo da ogansu, kuma Maman Marvel ba ta bar gefenki ba. Ki yi musu godiya kafin in zo. Ya ce kin ƙi cin komai. Don Allah ki daure.

Jiya Soka ya sake raka ni ƙauyen, na ziyarci kabarinsa. Su ba su da ƙasa a ƙauyen, don haka in an yi rasuwa sai a ɗauki mamaci a jirgi zuwa wani tudu, tafiyar awa biyu. Liman ya ce maza sun fi arba'in da suka bar kamun kifi ranar suka raka shi. Sun yi masa wanka da likkafani da salla, kamar yadda za mu yi masa a gida. Kabarin na tsakiyar na dangin Liman, ba a gefe ba. Na daɗe a durƙushe. An tambaye ni ko ina so a nemi izinin tono shi a kawo gida, na ce a'a. Ina fata ba ki ga na yanke hukunci ban shawarce ki ba. Na ga inda yake kwance, ban ga dalilin tashinsa ba.

Akwai maganar da na daɗe ina haɗiyewa. Ranar da ejan ɗin nan mai kai yara aiki ƙasar waje ya zo da takardunsa, ke kika ce hankalinki bai kwanta ba. Shi ma yaron ya ce ya fi son ya ƙarasa koyon aikinsa ya buɗe shagonsa. Ni na ce namiji ba ya tsufa a ƙarƙashin motar wani, ni na raka shi har filin jirgi ina taƙama. Ba ki taɓa goranta mini ba ko sau ɗaya cikin watannin nan, kuma shirun naki ya fi mini ciwo. Na nemi gafararsa a kan kabarin. Yanzu taki nake nema. In ba za ki iya yanzu ba, zan jira.

Kafin mu baro ƙauyen, Soka ya kai ni gidan Mariya. 'Yar tsohuwa ce ƙanƙanuwa, ba ta kai kafaɗarki ba, hannuwanta duk sun tsattsage saboda gyaran kifi. Ta nuna mini lungun da yake kwana. Ta tambaya ko mahaifiyarsa na da rai, na ce kina nan. Sai ta kama hannun rigar Soka, ta ce ya fassara a hankali, kada ya rage ko kalma ɗaya. Ga saƙonta, yadda ta faɗa:

"Ka gaya mata yana cin abinci. Da farko ba ya son miyarmu, sai na gane yaji yake nema, na riƙa daka masa barkono. Har ƙari yake yi. Daren da zai tafi ma ya sha kunun shinkafa daga hannuna. Ka gaya mata ɗanta bai mutu da yunwa ba, kuma bai mutu shi kaɗai ba. Ni ma uwa ce, na san abin da za ta fara tambaya ke nan."

Na yi mata alkawarin zan isar, ga shi na isar.

In Allah ya yarda jirgina zai sauka Abuja ranar Laraba da safe. Kada kowa ya wahalar da kansa zuwa tarbata, zan iso da kaina. Ki gaida Hafiza da yara. Allah ya sada mu da alheri.

Mijinki,
Maude